Ɗigo a Ruwan Lemon Lorraine

Mugun hali ne mutum ya mai da na jikinsa abin gwaji. Shi ya kai Dakta Alden Pruitt ƙasa.

Malamin nazarin halayyar ɗan Adam ne a wata jami'a a Kalifoniya, zamanin da samari suka tara suma suna neman hikima a cikin LSD, maganin nan mai juya hankali. A gidansa na kan tudu ake taruwa. Ƙa'idar kuwa kowa ya san ta: ba a ba wanda bai yarda ba, wanda ya sha kuma sai an zauna kusa da shi ana kwantar masa da hankali.

Matarsa Lorraine ba ta sha. Uwarta a asibitin masu taɓin hankali ta ƙare, ita kuma kullum tsoron gadon ciwon take ji.

"Dakta, kai mai buɗe wa duniya ido, ta gida ta gagare ka?" in ji Wendell, abokin aikinsa, yana tsokanarsa.

"Tsoro ne kawai. Da za ta sha ba ta sani ba, da ta ga aljanna."

"To bar ta da tsoronta, malam. Nata ne."

Bai bari ba. Wata Lahadi da safe ya ɗiga mata maganin a ruwan lemo, ya ja kujera gefe ya zuba ido.

Ba a jima ba ta ga bango yana numfashi. Ta dubi hannunta, ta ga kamar ba nata ba. Ta rarrafa ƙarƙashin tebur.

"Alden, ciwon Mama ya zo. Don Allah kar ka kai ni can."

Da ya ce mata magani ne, da magana ɗayan nan ta ishe ta. Amma yana son ganin ƙarshen gwajinsa, sai ya ja bakinsa har yamma. Da abin ya sake ta ya ce, "Kwantar da hankalinki, masoyiya, magani ne. Ni na sa miki."

Ta daɗe tana kallonsa.

"Ina roƙonka, kana kallona?"

"Ina kula da ke ne."

Ba ta yi ihu ba. Washegari wanta ya zo da mota ya tafi da ita, ba ta sake taka gidan ba. Wendell da kansa ya kai maganar jami'a.

Ga abin da ya rasa: mata, aiki, da duk masu hawa tudun nan dominsa. Aka bar shi da kujeru a jere. Ko maƙwabci ya biyo, in ya miƙa masa ruwa, sai ya ce ya gode, ba ya jin ƙishi.