Bugu Uku a Bango

"Ku rabu da bangon nan!" in ji Mama daga madafa. "Yau kam ba mai sa ni gudun banza."

Ni da ƙanwata muka dubi juna. Wanki muke yi, hannuwanmu duk kumfa.

Bango ɗaya ya raba ɗakinmu da na Kaka Tela, tsohuwar da ke zaune ita kaɗai. Tun da ɓarin jikinta ya shanye suka shirya da Mama: in tana neman mutum, ta buga cokali a bango sau uku. Mu kuwa, uwayen ƙiriniya, sai mu shige ƙarƙashin gado da namu cokalin, don mu ga Mama ta kwasa da takalmi wari ɗaya. Sau huɗu muna sha. A na biyar ta kama mu, jikinmu ya gaya mana.

Bugun ya sake zuwa, a hankali.

"Mama, wallahi ba mu ba ne!"

"Haka kuka ce rannan."

Tsoron tsohuwar nake ji, da karkataccen bakinta da warin maganin ɗakinta. Amma na tafi.

Na same ta a ƙasa, tsakanin gado da keken ɗinki, cokalin a hannunta mai lafiya. Na kasa ɗaga ta. Na tura ƙanwata ta jawo Mama, na ɗora kan tsohuwar a cinyata. Ashe ba shi da nauyi ko kaɗan.

"Ke ce mai bugun?" ta ce da ƙyar.

"Ni ce, Kaka. Ki yafe mini."

"Ja'ira. Naki ya cika gaggawa." Ta nisa. "Me ya sa kuka daina? In kun buga, uwarku kan zo ta zauna mu yi hira. Ni kunya nake ji in kira ta don hira kawai."

Kunya ta rufe ni.

Aka kai ta asibiti, kwana biyu ta ƙara, ta cika. 'Ya'yanta suka zo da mota suka kwashe kaya, har keken.

Bayan mako guda, da hantsi, na shiga ɗaki na tarar da ƙanwata a durƙushe a gefen gado. Ta buga sau uku, a hankali, yadda Kaka ke yi, ta manna kunnenta a bango. Mama na tsaye a bakin ƙofa da tsintsiya a hannu, tana kallonta.