Ɗan Ƙanwata Ne

Har gobe idan na tuna abin da Yaya Sabo ya yi a Jidda sai in ji zuciyata tana tafasa. Mutum da furfurarsa da hankalinsa, ya tsaya gaban duniya ya yar da ɗansa, wai shi mai kunya!

Ni ce Maiturare, mai sayar da turaren wuta da humra a unguwar Zahir, nan Makka. A nan aka haife mu, ni da yayana Sabo. Kakanninmu ne suka zo aikin Hajji daga ƙasar Katsina suka zauna. Uzair shi ne ɗan farin Yaya, kuma ana yaye shi aka miƙo mini shi, kamar yadda ake yi a gidanmu. Ni na goya shi, ni na yi jinyar ƙyandarsa. Ubansa kuwa bai taɓa kiran sunansa ba, domin ɗan fari ne. Sai dai ya ce "yaron nan" ko "ɗan naki". Idan Uzair ya shigo ya gaishe shi, sai ya amsa yana kallon bango.

To ga inda abin yake ba ni haushi. A garin nan ana kiran namiji da sunan ɗansa na fari, girmamawa ce. Maƙwabta Larabawa su ce, "Ya Abu Uzair!" sai Yaya ya yi kamar da wani ake. Na sha gaya masa, "Yaya, alhazan da ke zuwa daga Katsinar ma sun sassauta wannan abin. Kai kaɗai ka riƙe shi kamar farilla."

Sai ya ce, "Haka muka taras."

Uzair ya tashi da Larabci a bakinsa fiye da Hausa, kuma tun yana ƙarami ba shi da zance sai na mota. Da ya girma ya shiga gasar tseren motoci ta duniya, a rukunin matasa. Ba shi ne ke tuƙi ba. Abokinsa Rakan ne direba, shi kuma yana zaune a gefe da hular kwano yana karanta masa hanya: ga kwana, ga tudu, ga rami, rage, taka. Ya ce mini idan harshensa ya sarƙe sau ɗaya, su biyun sai asibiti. Haka suke yawo duk shekara, wannan wata a kan ƙanƙara, wancan a cikin laka, kowace ƙasa da makin da za su samo, a ƙarshen kakar gasa a ga wanda ya fi.

Ni ban taɓa riƙe jadawalin nan a kaina ba. Yaya ne ya riƙe. Tun da ya ajiye tuƙin motar alhazai tsakanin Mina da Muzdalifa, kullum bayan la'asar sai ya zo shagona ya zauna a kan benci, ya yi ta shinshina turaren da ba saya zai yi ba.

"Ɗan naki, wannan makon ba Kenya suke ba?"

"Ina na sani, Yaya?"

"Can suke. Duba mana wayar."

In duba, in ce sun zo na uku. Sai ya girgiza kai ya ce ai tayar baya ce ta cuce su tun jiya, ba don haka ba da na ɗaya za su zo. Ashe ma ya riga ni sani! Bakina kawai yake so ya ji labarin a ciki. Ranar da motarsu ta kife a Fotugal kuwa, bawan Allahn nan bai iya cin abinci ba sai da na sa masa muryar yaron a waya yana cewa lafiyarsa lau. Amma ya karɓi wayar ya ce sannu? Ina!

Zagayen ƙarshe na kakar ya faɗo a saharar kusa da Jidda, kuma su Uzair ne na biyu a teburin maki, tazarar kaɗan ce. Ana saura kwanaki ya zo gidana. Na zuba masa tuwo da miyar kuka, ya zauna yana juya cokali bai ci ba.

Ya ce, "Gwaggo, masu motar suna so in koma Turai da zama gaba ɗaya, kusa da garejinsu."

Na ce, "Ka ce musu me?"

"Ban ba su amsa ba. Baban Rakan har ƙasar ƙanƙara yake bin mu, yana rawar sanyi a bakin hanya. Ni ban ce Baba ya bi ni ko'ina ba. Jidda ce, ga ta nan. Idan ya zo ya tsaya kusa da ni a gaban mutane, zan ci gaba da zama a Makka, in riƙa tafiya ina dawowa. Idan bai zo ba, shi ke nan, ban ga abin da nake jira a nan ba."

Na rantse masa da Allah cewa ubansa ya san kowane maki da ya ci a bana. Ya dube ni ya ce, "To ya gaya mini da bakinsa mana."

Washegari na tare Yaya a shago, ban ɓoye masa komai ba. Na ce yaron nan tafiya zai yi, kuma ni ba zan rasa ɗan da na raina saboda taurin kan wani ba. Can ya ce, "To, zan raka ki." Ka ji fa, wai ni zai raka! Na haɗiye maganata na ce na gode. Ranar tafiya sai ga shi da sabuwar farar jallabiya, ya fesa turaren da ya fi kowane tsada a shagona.

A wurin tseren muka tsaya bayan igiya, rana tana dukanmu. Motoci suna wucewa ɗaya bayan ɗaya, ƙara kamar za ta fasa kunne, tsakuwa tana tashi. Da motarsu ta ɓullo daga bayan tudu ta yi sama ta diro, Yaya ya damƙe hannuna har sai da awarwarona ya shige mini fata. Leɓensa yana ta motsi da addu'a. Na ce a raina, alhamdu lillahi, yau dai an gama.

Kuma suka ci! Abokan hamayyarsu suka maƙale a yashi, su Uzair suka shigo na ɗaya a rukuninsu, kofin kakar ya zama nasu. Na rangaɗa guɗa har wasu Turawa suka juyo suna kallona, ban damu ba. Baban Rakan ya haye dandamali ya rungume ɗansa, ya sumbaci goshinsa yana kuka. Uzair kuwa ya sauko, ya ratsa jama'a, ya kamo hannun ubansa ya kai shi gaban kyamara. Fuskar yaron nan a lokacin, wallahi ban taɓa ganinta haka ba.

Mai gabatarwa ya miƙo makirfo, ya taya Yaya murna da Larabci, "Mabruk, ya ammi! Kai ne mahaifin gwarzon namu?"

Yaya ya sunkuyar da kai. Ya ɗaga hannu ya nuna ni.

"A'a," in ji shi. "Ɗan ƙanwata ne. Ga uwarsa can."

Lasifika ta ɗauki maganar ta watsa ko'ina a filin. Mai gabatarwa ya ɗan yi dariya, ya ce to madalla da kawu, ya juya wurin baban Rakan. Ina kallo Uzair ya saki hannun a hankali. Ya koma dandamali ya ɗaga kofin saboda masu hoto.

A mota ban raga wa Yaya ba, girma ko ba girma. Na ce, "Me ka yi ke nan? Me ka yi, Yaya?"

"A gaban jama'a zan buɗe baki in ce ɗana ne? Ai da kunya. Kowa ya san abin da nake nufi."

"Wa ya sani? Balaraben ne ɗan Katsina, ko Turawan? Shi kansa yaron a ina ya koyi wannan? A Makka ka haife shi! Abu ɗaya ya roƙa a wurinka duk rayuwarsa, ka sa sabuwar riga ka je har Jidda ka hana shi."

Kuka ya hana ni ƙarasawa.

Ranar da Uzair zai tashi zuwa Turai ya kawo mini kofin ya ce in ajiye, ya sumbaci kaina. Na roƙe shi ya je ya yi wa ubansa sallama, ya ce to. Na bi shi har gidan. Ya tsaya a bakin ƙofar falo, bai shiga ba, ya ce da Hausarsa mai karyewa, "Na bar ka lafiya, Kawu." Yaya yana kallon bango kamar kullum. Ni da nake gefe na ga gemunsa yana rawa.

Yanzu an shiga sabuwar kaka. Uzair yana kirana duk Juma'a, ba ya tambayar kowa. Kofin yana kan kanta tsakanin kwalaben humra. Jiya bayan la'asar Yaya ya zo ya zauna a bencinsa, ya daɗe yana kallon kofin.

"Yaron nan," in ji shi, "yau ba Suwidin suke ba? Duba mana."

Na kife wayar a kan tebur. Na ce, "Wane yaro? Yara sun cika Zahir. Faɗi sunansa in duba maka."

"Haba Maiturare."

"Babu haba. Na gaji da zama bakinka."

Ya sunkuyar da kai yana murza carbi. Wata mata ta leƙo za ta sayi turare, na ce ta dawo an jima. Har na fid da rai, sai na ji muryarsa ƙasa-ƙasa, kamar mai tsoron a kama shi.

"Uzair," ya ce. Ya share ido da bakin hannun riga. "Uzairu, ɗana."

Na duba ko'ina a shagon. Ba kowa sai ni, ni da ban taɓa bukatar jin haka ba.