Jimlar da Ta Fi Numfashin Nevena

Zdravko bai taɓa gama rubuta wasa ba, kuma da bakinsa yake alfahari da hakan. Zamanin da yake gidan wasan kwaikwayo na Plovdiv, bayan labule yake laɓewa ya kasa kunne. Inda 'yan kallo suka fara tari, nan maganar ta yi nauyi, washegari sai ya rage ta. Nevena, wadda ta tsufa tana fitowa a wasanninsa, takan ce shi ba marubuci ba ne, tela ne mai gyaran riga a jikin mai ita.

Da furfurarsa ya koma Sofiya rubutun fim. Suna kam ya yi shi, amma kewar tsohon labulen nan ba ta sake shi ba.

Da aka tashi yin fim ɗin wata tsohuwa mai bankwana da gidanta, ya kafe sai Nevena. Ranar ɗaukar jawabinta na ƙarshe a fim ɗin ta jawo shi gefe tana haki.

"Kai tsohon banza, jimlar nan ta fi numfashina tsawo. So kake in shiƙe a tsakiyarta?"

"Ke dai rage taba. Faɗe ta haka yau, gobe in gyara miki."

"Kullum gobe!"

"Na taɓa saɓa miki?"

Bai taɓa ba, don haka ta faɗa. Darakta ya tafa, ya ce ta yi.

Da safe Zdravko ya iso da jimlar a gyare, gajera tsaf, daidai ƙirjinta. Ya tarar kafintoci na ɓamɓare bangon ɗakin da aka kafa don fim ɗin.

"Kawu Zdravko," in ji darakta yana cin burodinsa a tsaye, "nan ba dandamali ba ne. Abin da kyamara ta ɗauka ya ɗauku."

Ya roƙa, ya yi faɗa, ya sake roƙo. A banza. Nevena ta rasu kafin fim ɗin ya fito, bai ma sami zuciyar karanta mata gyaran ba.

Wata Laraba da rana ya shiga silima, ya zauna can baya. Ga Nevena ta cika bango, da ɗankwalinta a karkace. Ta kamo jimlar, ta ja, ta ja, numfashi ya yanke mata a tsakiya. Ta ɗan ɗaga ido gefe, irin kallon da take jefa masa in yana bayan labule. Matar da ke kusa da shi ta share hawaye, ta raɗa wa mijinta cewa tsohuwar nan ta iya wasa.

Shi kaɗai ya san ba wasa take yi ba, jiransa take. Kewa ta turnuƙe shi har ya kasa tashi. Aka kunna fitila, aka share, aka kashe, wasu suka shigo. Yana nan zaune ta sake kamo jimlar, shi kuwa yana raɗa mata gajerar a hankali, ko za ta ji.