Ranar Makokin Lauyoyi

Da Ramlakhan Maurya ya kula da yadda mai shayin bakin kotu ya ƙi haɗa ido da shi, da tun nan ya san ranar ba za ta yi kyau ba. Amma hankalinsa na kan ɗansa Birju, wanda ke tsare tun kafin damina saboda faɗan iyakar gona. Yau za a saurari belinsa.

Ya tarar da ɗakin shari'a a rufe. Lauyansa, Chaturvedi, yana gindin darbejiya yana kakkaɓe baƙar kwat ɗinsa, bakinsa ja da ganyen da ake taunawa kamar goro.

"Baba Maurya, sai haƙuri. Wani abokin aikinmu ya rasu, yau babu lauyan da zai tsaya gaban alƙali. Ka san al'ada."

"Ayya. Wane ne, ranka ya daɗe?"

"Wani dattijo ne, ya daɗe da daina zuwa. Sunan ya kwanta mini."

"To yarona fa?"

"Yaronka ai ba gudu zai yi ba, yana inda yake."

Ya yi dariya shi kaɗai, ya bi sauran lauyoyin da ke tururuwa zuwa tsohon ginin kotu na baya. Ramlakhan ya bi shi yana roƙo.

A can 'yan fim ne daga Mumbai suka kafa fitilu. Fim ɗin barkwanci suke ɗauka, wai don a nuna wa duniya yadda kotu ke gasa wa talaka aya a hannu. Suna neman masu baƙar kwat su cika benci, su kuma masu makoki sun samu abin yi. An ɗora wani mai tumbi a kujerar alƙali, yana cin gurasa da miyar wake, yana goge hannu da takardun ƙara. Lauyoyin suka yi ta ƙyaƙyatawa, har wani yana dukan cinya.

Mai ba da umarni, saurayi mai ɗan kunne, ya hango Ramlakhan.

"Yawwa, irin fuskar nan nake nema. Kawu, tsaya nan. In alƙali ya ɗage shari'a, ka yi kamar abin ya dame ka."

"Shiga mana, Baba," in ji Chaturvedi. "Kai ai ba sai an koya maka ba."

Ramlakhan ya dubi lauyoyin da ke ta dariya. Shi ma ya sha kallon irin finafinan nan, ya yi dariya har da hawaye, ya ce gaskiya suka faɗa. Ya juya ya tofar da yawu, ya fita. Aka ja wani tsoho aka tsayar a gurbinsa.

Ramlakhan ya je wajen akawun kotu ya tambayi sabuwar rana. Akawun ya ce sai alƙali ya zauna, alƙali kuwa zai tafi hutu. Har ya hau motar ƙauye, Ramlakhan bai san ranar da za a kira sunan Birju ba.