Zaren da Ruwa Ya Ci

Taɓo ya riƙe takalmin Yamunabai, ta zare ƙafa ta bar masa, ta yi gaba.

"Aai, takalminki fa!" ɗanta Nivrutti ya kira daga baya, wando a naɗe har gwiwa. Aai yake ce mata, wato Inna a yarensu.

"Wa ke shiga wurin Uwa da takalmi? Birni ya cinye maka kai."

Tun da aka gina madatsar ruwa, ƙauyensu da haikalin allahiyarsu, wadda suke kira Uwa, suka nutse. An kwashe gunkin zuwa sabon gini na siminti a bakin titi, amma Yamunabai ba ta taɓa jin Uwa ta tare a can ba. Bana fari ya janye ruwan, tsohon haikali ya fito, baƙi ƙirin, yana warin kifi. Kewar haikalin ta daɗe tana cin ta.

Da, masu ziyara kan zo a ƙafa daga nesa, kowa ya ɗaura jan zare a cediyar ƙofa ya roƙi bukatarsa. In ta biya, dole ya dawo ya kwance. Ita ɗa ta roƙa. Aka ba ta wannan mai dogon wuyan, ruwa kuma ya riga ta zuwa, ba ta kwance nata zaren ba. Ga shi jibi zai tafi aiki ƙasar waje, wai shekara biyu. Haka ɗan maƙwabciyarta ya ce, har uwarsa ta mutu bai leƙo ba.

Cediyar tana nan, ta mutu a tsaye. Yamunabai ta shafa reshe bayan reshe. Ko silin zare babu.

"Kin gani? Kifi ya kwance miki," in ji Nivrutti yana dariya. "Mu tafi kada mota ta bar mu."

Ta kama bakin sarinta, jan zanen da ke jikinta, da haƙori, ta zaro zare, ta ɗaura a reshen da hannunta ya kai, ƙulli a kan ƙulli, leɓɓanta na motsi.

"Aai, kwancewa muka zo yi! Damina na sauka ruwa zai sake rufe nan. Wa ya san ranar da zai janye?"

"Ranar da ya janye zan kira ka."

"Me kika roƙa?"

"Ba a faɗa." Ta miƙa masa hannu ya riƙe ta. "Amma ka ga ƙafafuna. Ni kaɗai ba zan iya wannan taɓon ba."

Ya dubi zaren, ya daina dariya. Sai ya sunkuya ya cire nasa takalmin.