Wancan Na Karaye

"Ya zo?" Yelwa ta tambaye ni, tana ture ludayin kunun da na kai mata baki.

"Wa?"

"Wancan. Na Karaye."

"Karaye ai mutane ne cike. Faɗi sunansa in san wanda kike nufi."

Ta harare ni, ta mayar da kai kan filo. Kwananta tara ke nan a kwance, ƙafafu sun kumbura, numfashi sai ta jawo shi da ƙyar. Shekara ashirin muna maƙwabtaka a Beli, danga ɗaya ce tsakaninmu, tare muke kaɗi, tare muke zuwa rijiya, amma ban taɓa jin "Halliru" ya fita daga bakinta ba. Ɗanta ne na fari, kuma shi kaɗai ya rayu. Kunyar ɗan fari kowa na yi, ni ma ba na kiran sunan tawa, amma idan ta zo ganin gida ina cika idona da ita. Ta Yelwa ta wuce misali. Ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa magana, ba ta ɗaga ido ta dube shi.

Bari in gaya muku tushen abin. Yelwa ba ta san garinsu ba. Tana 'yar shekara shida mahara suka ɗauko ta daga wasu duwatsu can kudu, tun Nasara bai zo ba. Abin da ta zo da shi kawai tsagen da ke kumatunta da baƙin fatarta. Hammawa, wani Bafulatani mai shanu a Karaye, ya sa ta a ɗaka, ta haifa masa yaro fari sol, mai dogon hanci. Uwargidansa Khadijatu ba ta taɓa haihuwa ba, ita ta riƙe yaron, kuma tsakani da Allah ta riƙe shi da kyau. Da aka zo ɗiban yara makarantar boko ta Kano, Bature ya dubi fatar yaron ya ce wannan jinin masu mulki ne, aka rubuta shi Bafulatani uwa da uba. Ba wanda ya gyara. Hammawa ya rasu, Yelwa ta auri Sulle maƙeri ta dawo nan, shi ma ya rasu ya bar ta. Halliru kuwa ya zama malamin daji, ya yi aure a gidan da ake ƙirga kakanni kafin a ba ka wurin zama. A wurinsu Yelwa "Goggo" ce, baiwar gida da ta rene shi.

Na sha yi mata faɗa. Na ce manya nawa ne 'ya'yan sa-ɗaka, wa ya hana su rawani? Sai ta ce, "Lami, a gidan Fulani na koyi kunya. In ma wata rana asiri ya tonu, kada a ce uwarsa ba ta san ta ba."

Ni dai ban iya wannan haƙurin ba. Ran kasuwar Karaye na tasa maigidana gaba, na ce ya je ya gaya wa yaron nan cewa in yana son ganinta da rai, to ya taho. Abin da nake so bai fi ɗaya ba: ta ga fuskarsa, ya kira ta da abin da take a gare shi, ko da sau ɗaya ne.

Ran Talata da hantsi sai ga kekuna biyu a ƙofar gida. Halliru ne da yayan matarsa, wani Ɗanmaliki, wai rangadi ya biyo da su ta Rogo. Gidan Yelwa ɗaki ɗaya ne da rumbu, ba zaure. Ɗanmaliki ya tsaya gindin cediya a bakin danga, inda ko tari aka yi a ɗaki zai ji.

"Malam Halliru akwai riƙon amana," in ji shi, yana fifita da hula. "Har tsohuwar baiwar gida ba ka manta ba."

"Ita ta goye ni," in ji Halliru.

Kamar in kwaɗa masa ludayin hannuna. Ƙarya ba ƙarya ba, gaskiya ba gaskiya ba.

Na riga shi shiga ɗaki, na tarar Yelwa ta juya ta fuskanci bango, ta ja mayafi har ka. Matar da tun jiya ba ta iya juyi sai na juya ta. Na raɗa mata, "Don Allah ki juyo. Yau ɗaya." Ta damƙe mayafin.

Ya tuɓe takalmi ya shigo, ya durƙusa nesa da gado, kansa a ƙasa.

"Sannu, Goggo. Ya jiki?"

Ba ta juyo ba. Can ta ce, "Lami, ce wa baƙo jiki da sauƙi."

"Yana jin ki," na ce.

"Ce masa ya sha ruwa. Rana ta yi."

Na kawo ruwa a ƙwarya, ya kurɓa. Ya ajiye kwalbar magani da sabulu a gefen gado. Na ga bakinsa ya motsa, ya waiga wajen ƙofa, ya sake sunkuyawa. Daga waje Ɗanmaliki ya kaɗa ƙararrawar keke.

"Allah ya ƙara sauƙi, Goggo."

"Lami, ce masa Allah ya yi albarka. Ya gai da yara."

Duka zaman bai kai a dafa kunu ba. Na bi shi da ido har suka hau, raina kamar ya fashe. Na dawo ɗaki da niyyar in zazzage mata abin da ke cikina, sai na tarar ta yaye mayafin, tana haki, idonta a kan ƙofa.

"Ya tafi?"

"Ya tafi. Kin huta."

"Zauna nan." Ta kama hannuna. "Ya yi jiki?"

"Ya yi. Har da ɗan tumbi."

"Furfura fa?"

"Ta fara, a gemu."

Ta yi murmushi. "Rabona da fuskarsa tun ran da aka tafi da shi Kano. Ta ramin danga na leƙa shi. Kansa ya sha aski." Ta numfasa. "Lami, kada ki yi mini ƙarya don ina kwance. Duk Hammawa ne? Ba inda ya ɗauko ni?"

Faɗan da na taho da shi ya bi ruwa. Na zauna na gaya mata abin da na gani. Fata da hanci na ubansa ne, wannan ba musu. Amma wushiryar nan tata ce, da ƙananan kunnuwan, da yadda girar hagu take ɗagawa idan yana jin nauyi. Na ce wanda duk ya san ta ya dube shi da kyau, zai gane.

"To kada su dube shi da kyau," ta ce. Amma ta kai yatsa tana shafa haƙoranta na gaba, hawaye na gangarawa cikin kunnenta. "Sake faɗa mini. Fara daga goshi."

Sau uku na faɗa mata. Bayan azahar ta cika, kanta a cinyata. Ni na yi mata wanka, da la'asar aka kai ta.

Labari ya cim masa a Rogo. Washegari da safe ya iso shi kaɗai, wandonsa sharkaf da raɓa. Maza suna zaune a zauren maigidana, tunda ba wani nata da zai karɓi gaisuwa. Daga cikin gida ina ji ya durƙusa ya ce, "Ya haƙuri?" kamar kowane mai wucewa, maigidana ya amsa masa. Na ce a raina, shi ke nan, har a kabari Goggo ce.

Ina sharar tsakar gidanta ya shigo. Ban gaishe shi ba. Ya leƙa ɗakin, an naɗe tabarma, an jingine gado. Ya daɗe a tsaye.

"Iya Lami."

"Ina ji."

"Ta bar wata magana?"

"Ta tambaye ni kamanninka. Ni ce madubinku ai."

Ya sake duban ɗakin. "Tun ina yaro, duk sanda na zo bayanta nake gani. Ni ma ban taɓa iya ɗaga kai ba." Muryarsa ta yi ƙasa. "Yaya fuskar Inna take?"

Inna. Ya faɗa, amma ba wanda ya ji sai ni da kaji. Wadda ta shekara talatin tana jira tana ƙarƙashin ƙasa tun jiya. Na so in gaya masa haka, wallahi na so. Na dube shi, girar hagun nan a ɗage, sai na kasa.

"Ga randarta can," na ce. "Je ka leƙa. Ka buɗe haƙoranka."

Ya tafi gindin rumbu, ya cire hula, ya ɗaga faifan da ke rufe da randar. Na ci gaba da shara. Na gama tsakar gida, na kwashe, na kai juji na dawo, yana nan sunkuye da faifan a hannu, ya riƙe numfashi don kada ruwan ya motsa.