Ranar da Sista Nuala Ta Sauka Kogi

Hureira na tsaka da yanka albasa wayarta ta yi ƙara. Fergal ne, Baturen da ƙofarsa ke kallon tasu a benen da suke haya a unguwar Pantai Dalam, cikin Kuala Lumpur. Ko gaisawa bai tsaya sun yi ba.

"Mahaifiyata tana wurinki?"

"A'a, yau ban sa ta a ido ba. Lafiya?"

"Mai kula da ita ta shiga wanka, ta fito ta tarar da ƙofa a buɗe. Ni kuma ina Sentul, hanya ta cushe. Na kira 'yan sanda, amma ke kika fi kusa, kuma ke take jin maganarki."

Hureira ta kashe gas, ta zura hijabi. Mijinta Badamasi yana jami'a, yara ba su taso daga makaranta ba. Ta leƙa taga, ta ga hadari ya haɗo baƙi ƙirin ta wajen tsaunuka.

Sunan tsohuwar Nuala, 'yar ƙasar Ireland ce, ta haura tamanin. Da ƙuruciyarta ta yi aikin jinya a wani asibitin mishan kusa da Zariya, inda kowa ke ce mata Sista. Tun da ta samu shanyewar ɓarin jiki Turanci ya fara kufce mata. Abin da ya rage a bakinta shi ne yaren tsibirin da aka haife ta, sai kuma Hausar da ta koya a wurin majinyata. A lif suka fara haɗuwa, Hureira na yi wa ƙanwarta faɗa a waya, sai ta ji wata tsohuwar Baturiya ta ce, "Yi haƙuri mana, 'yata." Daga nan kusan kullum sai sun sha shayi tare.

A wurin shan shayin ne Hureira ta ji labarin tsibirin. Ɗan ƙarami ne a yammacin ƙasar, ba likita, ba bishiya, sai duwatsu da tumaki da jiragen kamun kifi. Wata shekara ƙanen Nuala ya kwanta zazzaɓi, igiyar ruwa ta hana jirgi tsallakawa, ya rasu a hannun uwarsu. Ba a daɗe ba gwamnati ta kwashe mutanen tsibirin gaba ɗaya. Nuala ta kuma ba ta labarin da ta gada daga kakarta, na shekarun da dankali ya ruɓe a gona, yunwa ta kashe mutane ba adadi, waɗanda suka rage suka cika jirage zuwa Amurka. A zamanin kakar, in yaro ya yi yarensu a makaranta bulala ake yi masa. Ita kanta Nuala ba ta koya wa Fergal ko kalma ɗaya ba, don a lokacin gani take ba inda yaren zai kai shi.

Hureira ta duba lif, ta duba matakala, ta zagaya wurin ajiye motoci tana kiran "Sista". Babu amsa. Tana tsaye a bakin get sai maganar jiya ta faɗo mata. Tsohuwar ta tambaye ta kwanan wata, da ta ji Janairu na ƙarewa sai ta damu. Ta ce a garinsu ranar ƙarshen watan ake zuwa bakin ruwa a yanko wata doguwar ciyawa, a saƙa alamar wata waliyyiyarsu mai suna Brigid, a rataye a saman ƙofa don tsarin gida. Ta ce uwarta ba ta taɓa bari shekara ta wuce ba ta saƙa ba.

Hureira ta nufi hanyar kogi da sassarfa. A ɗan shagon abincin da ke kan kwana ta tambayi mai soya gurasar roti ko ya ga tsohuwar Baturiya.

"Ta wuce can," in ji shi, ya nuna da cokali. "Da almakashi a hannunta. Na yi mata magana, ba ta juyo ba."

Kafin ta kai kogin yayyafi ya fara. An ɗaure gefen kogin da siminti, mai gangara, ga wata siririyar matakala da ma'aikata ke bi in za su yi shara. A ƙasa akwai ɗan tudun laka da ciyawa ta cika. Nuala na can a durƙushe da rigar barcinta, tana yanka tana tarawa a cinya.

Duk wanda ya zauna a unguwar ya san halin kogin. In aka yi ruwa a tsaunuka, kafin ka ankara ya cika ya batse, ko da nan ba a yi ɗigo ba. Ruwan ya riga ya koma ja, yana tafe da robobi da rassan itace, kuma ya fara lasar bakin tudun.

"Sista! Ki hawo!"

Tsohuwar ba ta ko ɗago ba. Hureira ta kira Fergal ta gaya masa inda suke, ta cusa wayar a aljihu, ta tattare zaninta ta fara sauka. Gansakuka ta rufe matakalar. Takalminta ɗaya ya zame ya faɗa ruwa, ta ga yadda ya ɓace nan take. Ta yi bisimilla ta ci gaba.

Da ta dafa kafaɗar Nuala, tsohuwar ta juyo ta dube ta kamar ba ta taɓa ganinta ba. Ta yi magana da sauri cikin yarenta, ta ɗaga almakashin tsakaninsu.

"Ni ce, Sista. Hureira. 'Yarki ta wurin shayi."

Nuala ta girgiza kai, ta nuna ruwan, ta ambaci wani suna har sau biyu. Hureira ta gane sunan ƙanen nan ne da ya rasu. Ta fahimci tsohuwar ba ta Kuala Lumpur a wannan lokacin, tana can bakin tekunsu tana jiran jirgi.

Ruwan sama ya kece. Na kogin ya hau tudun, ya rufe musu idon sawu, da sanyi da ƙarfi. Hureira ta gwada jan hannunta, tsohuwar ta turje, kuma ta san in suka yi kokawa a wannan lakar su biyun za su tafi. Ta ja da baya don ta gyara tsayuwa, sai ta ji wani abu ya shige tafin ƙafarta marar takalmi. Fasasshiyar kwalba ce. Ta ɗaga ƙafar, jini na zuba yana bin ruwa.

Nuala ta ga jinin. Fuskarta ta sauya, hannun da ke riƙe da almakashin ya sauka.

"Me ya same ki?" ta tambaya da Hausa, da wata murya mai kauri da Hureira ba ta san ta da ita ba. "Kar ki taka. Danne wurin."

"Sista, ki taimake ni. Ba zan iya hawa ni kaɗai ba."

"Wa ya ce ki fito ba takalmi? Kawo hannu."

Ta miƙe da ƙyar, ciyawar ta zube daga cinyarta, ta tsaya tana kallonta. Hureira ta yi maza ta kwashi abin da hannunta ya kai, ta ƙunsa a gefen hijabinta.

"Ga ta nan, na riƙe miki. Mu je."

Matakalar ba ta da nisa, amma ruwan ya kai musu gwiwa kafin su isa. Hureira ta sa tsohuwar a gaba, tana tura ta da kafaɗa, tana yi kamar ita ake ja. Wani reshe ya bugi ƙafarta, ta durƙusa, ta kama ƙarfen gefen matakalar da hannu ɗaya, ɗayan na riƙe da rigar Nuala. Ta ɗaga kai ta yi ihu iya ƙarfinta. Wasu masu kai abinci a babur da suka fake ƙarƙashin gada suka ji, suka sheƙo. Ɗaya ya kwanta rub da ciki ya kamo hannun tsohuwar, sauran suka riƙe ƙafafunsa. Da aka fito da Hureira ta waiga, babu alamar tudun.

A asibiti aka ɗinke mata ƙafa. Badamasi ya zo fuska a murtuke, ya buɗe baki zai yi faɗa, ya ga yadda take rawar sanyi, sai ya cire rigarsa ta sama ya lulluɓa mata. Fergal ya iso jiƙe sharkaf. Ya daɗe a kan mahaifiyarsa, wadda ke zaune a gado tana lanƙwasa ciyawar nan da yatsun hannunta mai lafiya, sannan ya dawo wurin Hureira.

"Me take cewa a can ƙasa?"

"Wanda ta yi da Hausa na ji. Faɗa ta yi min. Sauran ban sani ba, yarenku ne."

"Ni ma ban sani ba," in ji shi, ya zauna a kujera ya rufe fuska da hannu.

Bayan an sallame su Fergal ya sa aka canza makullin ƙofa. Ya kuma shiga tambaya cikin 'yan ƙasarsu da ke aiki a birnin, har aka haɗa shi da wata malamar makaranta mai suna Sorcha, wadda ta tashi a yankin da har yanzu ake yin yaren a gida. Ranar Asabar ta zo. Hureira na falon, ƙafa a naɗe da bandeji, ta kawo musu ƙosai.

Sorcha ta durƙusa gaban kujerar tsohuwar ta gaishe ta. Nuala ta ƙura mata ido, ta amsa a hankali, ta yi wata tambaya, aka ba ta amsa. Daga nan magana ta ɓalle mata. Tana yi tana nuni da hannu, ta yi dariya, ta gyara wa Sorcha wata kalma, ta ci gaba. Shayi ya huce ba wanda ya taɓa. Fergal ya matso da kujerarsa kusa, ya roƙi Sorcha ta riƙa tsayawa tana gaya masa abin da ake faɗi.